Shekara Huɗun da Na Ƙara wa Nasiru

Tun da na dawo daga Amurka ba a bar ni na zura zare a allura cikin natsuwa ba. Wanda ya kawo ɗinki sai ya zauna, wanda bai kawo ba ma sai ya zauna, kowa da tambayarsa. Da gaske ne ƙanenka babban soja ne? Sojoji nawa ke gadin ƙofarsa? Me suke ci? Na gaji da maimaitawa, kuma na lura duk lokacin da na ba da labarin akwai wurin da nake tsallakewa. Shi ya sa na ce bari in rubuta, tunda a takarda ba na ganin idon kowa. Karatuna aji bakwai ne na firamare, sai a yi haƙuri da rubutun.

Sai na fara da abin da ya kai ni. Mahaifinmu ya rasu ina da shekara ashirin da uku, ya bar mini mahaifiyarmu da ƙanne biyar da keken ɗinki ɗaya. Nasiru yana aji biyu na sakandare, shekararsa sha huɗu. A lokacin masaƙar garinmu tana ɗibar ma'aikata, amma ba ta ɗaukar wanda bai kai sha takwas ba. Nasiru dogo ne tun yana yaro. Na kama hannunsa na kai shi kotu, na rantse cewa sha takwas gare shi, aka buga hatimi. Ranar Litinin ya fara aiki.

Wannan takarda ita ta bi shi har yau. Da ita ya yi fasfo, da ita ya samu bizar da ake yin ƙuri'a a kanta, da ita ya shiga sojan ko-ta-kwana na Amurka. Ya yi karatun yamma har ya samu digiri, ya zama hafsa, ya kai Manjo. To dokarsu ta ce hafsa irinsa idan ya cika sittin sai ya tuɓe kaki. Takarda ta ce ya cika sittin. Ni na san hamsin da shida gare shi, kuma na ji an ce saura kaɗan ya zama Laftanar Kanar.

Ni da Nasiru ba mu taɓa faɗa ba. Duk Sallah yana kira, ya gaishe ni yadda ya kamata, ya tambayi kowa da sunansa, ya yi sallama. Bai taɓa yi mini rashin kunya ba, bai kuma taɓa zama ya yi hira da ni ba. Shekara arba'in da biyu haka muke. Da matarsa Rakiya ta kira ta ce za a yi bikin sallamarsa daga soja, suna so in zo, sai na ga Allah ya ba ni hanyar gyara ɓarnar da na yi kafin ɗayanmu ya mutu.

Na ɗauko tsohon littafin addu'o'in mahaifinmu, inda ya rubuta ranar haihuwar kowannenmu da ajami a bango. Na sa aka juya na Nasiru zuwa Turanci, na koma kotu na rantse cewa waccan rantsuwar ƙarya ce. Na haɗa duka a ambulan. Sannan na ɗinka babbar riga ta shadda, aikin hannu, don shugabansu da aka ce mini Kanar ne. Na auna ta da jikin wani maƙocina mahauci, don na san Kanar ba ƙaramin mutum ba ne. A wajenmu idan ƙanenka ya samu matsala a wurin aiki, babba ne yake sa hula ya je ya ga shugaban. Ban gaya wa kowa ba.

Biza a Abuja aka yi ta. Na kwana biyu ina haddace amsoshin da wani ɗan unguwarmu ya rubuta mini, amma Baturen bai yi mini ko ɗaya daga cikinsu ba. Ya ce me zai sa in dawo. Na ce na yanka kayan mutum goma sha ɗaya ban ɗinka ba, kuma sun san gidana. Ya dube ni ya karɓi fasfo.

A filin jirgi aka raba ni da almakashina. Shekara talatin yana aljihuna, ban ma tuna da shi ba sai da ƙofar ta yi ƙara. Na ce wa ma'aikacin ni tela ne. Ya ce ya yarda, amma ba a ɗinki a sama. Ya jefa shi cikin wani bokiti inda na hango 'yan uwansa da yawa.

A jirgi Allah ya haɗa ni da wata dattijuwa mutuniyar Jos, Mama Saratu, za ta je wankan jegon 'yarta karo na huɗu. Ita ta nuna mini yadda ake buɗe teburin gaban kujera, ta kuma hana ni cin wani abu fari da na ɗauka cuku ne, ashe tsumman goge hannu ne a naɗe. Bayan mun sauya jirgi sai rana ta ƙi faɗuwa. Agogona ya ce magariba, taga ta ce azahar. Na tambayi Mama Saratu, ta ce, "Baba, wannan tsakaninka da malamanku ne. Ni dai na san a jirgin nan sau uku ake ba da abinci." Na yi sallolina da agogona na bar wa Allah sauran.

Kafin mu sauka ta ce, "Me ka ɗauko na ci?"

Na ce kuka da daddawa da ɗan kilishi.

"Ka faɗa musu da bakinka. Kilishin ya tafi, ka yi masa addu'a. Amma kar ka ɓoye. Mutanen nan za su yafe maka nama, ba za su yafe maka ƙarya ba."

Na ji maganar, amma na ɗauka a kan kilishi kawai take.

A Washington kare ne ya fara tarbata. Ya zo ya zauna kusa da jakata cikin ladabi, bai yi haushi ba. Aka ɗauke kilishin, aka shinshina daddawa aka mayar mini da sauri. Jami'in da ke duba fasfo ya tambayi ranar haihuwata, na ce ɗaya ga Janairu. Ya ce mutanen ƙasarmu da yawa ranar nan aka haife su. Na ce haka ne, rana ce mai albarka. Ambulan tana aljihun ƙirjina duk wannan lokaci.

Daga nan wani ƙaramin jirgi ya kai ni Greensboro. Na fito ina neman mutum cikin kaki da sojoji a bayansa. Sai ga Nasiru shi kaɗai, da wandon jins da hular hana-sallah, gemunsa a aske, furfura a gefen kunne. Ya rusuna ya kama hannuna da hannu biyu.

"Yaya, sannu da hanya."

Shi ya ɗauki jaka, shi ya tuƙa mota. Muka yi gaisuwa tun daga mutanen gida har zuwa limamin unguwa. Kafin mu fita daga filin jirgi gaisuwa ta ƙare. Sai ya kunna rediyo.

Gidansu yana wani gari da ake kira Pleasant Garden, kudu da birnin. Ga masu tambayar masu gadi: babu ko ɗaya, babu ma katanga. Gidan katako ne, idan ka taka sama na ƙasa ya san inda ka nufa. Fili ne babba kewaye da shi, an shuka ciyawa zalla. Ana ba ta ruwa, ana ba ta taki, idan ta girma Nasiru ya hau wani ɗan inji ya yanke ta ya zubar. Na tambaya ko akwai mai tumaki a kusa da za a riƙa ba shi. Ya ce babu. Manjo guda shi ke wanke kwanonin da ya ci abinci, shi ke fitar da shara ranar Talata.

Washegari na fita taka ƙafa bayan asuba ta yi haske, kamar yadda na saba. Kafin in kai ƙarshen layi mota uku ta tsaya ana tambayata ko lafiya. A can idan aka ga dattijo yana tafiya a ƙasa, ɗauka ake ko motarsa ta lalace ko hankalinsa. Ta ukun wata tsohuwa ce, ba ta yarda da amsata ba, ta riƙa bina a hankali har ƙofar gida.

Abinci kuwa ban sha wahala ba, don Rakiya 'yar Maraɗi ce, tana tuƙa tuwo da wani gari na kwali, kuma da kukar da na kawo sai ya zama kamar gida. Sau ɗaya suka kai ni cin abincin safe irin na garin. Aka kawo wani abu na masara da ya wuce kunu bai kai tuwo ba, babu miya babu sukari. Shayinsu da ƙanƙara ake sha, zaƙinsa har cikin haƙori. Abin da suke kira biskit kuma burodi ne.

Yanzu bari in bayyana aikin Nasiru, don mutane da yawa a nan sun ɗauka kullum yana bariki, kuma ni na sa suka ɗauka haka. Sojan ko-ta-kwana yana da aikinsa na yau da kullum kamar kowa. Asabar da Lahadi ɗaya a wata yake sa kaki, sai kuma mako biyu a shekara. Amma idan aka buƙace shi, takarda kawai za a aiko. Sau biyu aka aiko wa Nasiru, kowane karo shekara guda ya yi a ƙasashen Larabawa yana kula da manyan motocin da ke kai ruwa da mai da abinci. Rakiya ta ce a tafiyar farko ta haifi 'yarsu ta biyu, sai a waya ya yi mata huɗuba. Ban san wannan ba sai a bakinta.

Sauran kwanaki yana aiki a wani katafaren sito na kayan ɗaki a titin Wendover, shi ke tsara wace mota za ta ɗauki me. Ya kai ni na gani. Ubangidansa wani ƙato ne mai suna Jef, ya zo yana yi masa faɗa a gabana kan wata mota da ta makara, Nasiru yana cewa to. Da muka fito na ce wannan mutumin ba shi da kunya. Nasiru ya ce, "Sajan ɗina ne. Ranar Asabar shi ke sara mini."

"Ranar Litinin fa?"

"Ranar Litinin ya rama."

Na ce a garinmu wannan tsari ba zai kai wata biyu ba.

A masallacin Juma'a na ga yawancin Hausawan garin mutanen Nijar ne, kuma Kwamanda suke ce masa. Bayan salla sai su kewaye shi da takardu, wannan na makarantar ɗansa, wannan na asibiti, yana tsaye yana karanta musu. Wani Alhaji Issufu ya ce mini, "Ƙanen nan naka, a gudun da ake gwada su duk shekara, shi ke zuwa na ɗaya a rukunin tsofaffi. Mutum mai sittin yana gudu kamar ɗan hamsin." Nasiru ya ce, "Baiwa ce, Alhaji." Bai dube ni ba.

Ranar Asabar aka yi bikin. Wurin ba bariki ba ne, wani gini ne kamar makarantar sakandare, da kujerun ƙarfe masu naɗewa. An ce ƙarfe goma, kuma ƙarfe goma aka fara, har na ji tausayin waɗanda za su zo sha ɗaya, sai na ga babu su. A matsayina na tela na duba kakinsu da kyau. Ɗinkin yana da ƙarfi, amma tambarin suna da na muƙami duk ba a ɗinke suke ba, manna su ake da wani abu mai ƙaya-ƙaya, a ɓare a mayar. Na hango Jef a layi, ya ƙame kamar an dasa shi.

Sai aka ce ga Kanar. Wata 'yar gajeriyar mace ce, ba ta kai kafaɗar Rakiya ba. Na dubi ledar da babbar riga take ciki, na tura ta ƙarƙashin kujera da ƙafa, daga baya na sake jawo ta.

Aka karanta duk wuraren da Nasiru ya yi aiki tun yana kurtu. Aka maƙala masa lamba, aka ba shi tuta a naɗe mai kusurwa uku, naɗin da ko ni ba zan iya fin sa ba. Aka kira Rakiya aka ba ta takardar yabo ita ma, wai saboda haƙurin zama. Wannan al'ada ta burge ni. Sannan Nasiru ya yi jawabi. Turancina bai kama duka ba, amma na ji ya nuna ni ya ce ga yayana, shi ya samar mini aikina na farko. Aka yi tafi. Na ɗaga hannu don ban san abin da zan yi ba.

Da aka koma cin kek, na ga Kanar ita kaɗai, na jawo Rakiya na ce ta yi mini tafinta. Na ciro ambulan na riƙe. Na gaishe da Kanar, na ce ni ne babba a gidanmu. Na ce laifin ba na yaron nan ba ne, nawa ne. Na faɗi masaƙa, na faɗi kotu, na faɗi littafin mahaifinmu. Na ce shekararsa hamsin da shida, ga shaida, a taimaka a mayar masa da shekara huɗunsa ya samu muƙamin da ya kusa samu, in akwai hukunci a yi mini. Na yi kusan minti biyar ina magana.

Rakiya ta juya ta yi Turancin da bai fi numfashi biyu ba. Kanar ta dafa ƙirji ta ce ta gode ƙwarai. Na miƙa ambulan, sai na ga ta shige jakar Rakiya, leda kuma ta koma hannun Kanar. Ta warware rigar ta ɗaga, rabinta yana ƙasa. Rakiya ta ƙara wani Turancin, Kanar ta ce lallai za a rataye ta a bangon zauren. Aka ɗauke mu hoto.

Nasiru ya tsaya sallama da mutanensa, Rakiya ta ɗauke ni a motarta. Muka hau babban titi.

Na ce, "Me kika gaya mata?"

"Na ce kana godiya, kuma kek ya yi daɗi."

"Ban ci kek ba."

"Ga shi nan a baya na ƙunsa maka." Sannan ta ce, "Yaya Alhaji, ka san mi ka riƙe a hannunka? Bon, bari in gaya maka. Ƙanenka, Baban Amina, ya rantse a kan wannan ranar haihuwa da zai karɓi katin zama. Ya rantse da zai zama ɗan ƙasa. Duk 'yan shekaru sai an sake bincikensa saboda sirrin aiki, ya sake sa hannu. Dosiyensa, wato takardunsa duka, a kanta yake zaune. Takardar nan ba shekara huɗu za ta ƙara masa ba. Muƙamin za ta cire, wataƙila har da fasfo. Kuma matar nan ko tana son shi, in ta karanta dole ta kai gaba."

Na ce ai shekara arba'in da biyu ke nan.

"A nan ƙarya a takardar gwamnati ba ta tsufa."

Na dubi taga. Motoci suna ta wucewa a Wendover. Na yi tafiyar kwana biyu a sama, na bar almakashina a bokiti, don in ƙarasa abin da na fara.

Ranar Lahadi da hantsi na samu Nasiru a garejin mota, ya baje kayan soja a ƙasa. Duk abin da aka ba shi sai ya mayar, har hular kwano da jakar barci, yana dubawa a wata doguwar takarda. Na zauna a kan wani bokiti na fara naɗe masa riguna, tunda wannan dai na iya.

Ya ce, "Rakiya ta ba ni ambulan."

Na ce to.

"Takardar kotun na sa ta a inji." Ya nuna wani ɗan akwati da ke yanka takarda siri-siri kamar taliya. "Littafin Baba kuma zan riƙe, in ka yarda. Ban taɓa ganinsa ba. Ashe ranar Talata aka haife ni."

Na ce, "Nasiru, na cuce ka shekara huɗu. Na zo gyarawa na kusa rusa ka."

"Wane huɗun?"

"Waɗanda aka yanke maka yanzu."

Ya ajiye takardar. "Yaya, waɗannan ba su dame ni ba. Gwiwata ma ta gaji. Masaƙa kuma na daɗe da fahimta. Baki bakwai ne a gida, keke ɗaya. Da ni ne babba wataƙila haka zan yi." Ya ɗauki wani takalmi ya juya shi. "Abin da har yau ban fahimta ba shi ne abin da ka gaya wa Malam Iliya."

Nan ne wurin da nake tsallakewa.

Malam Iliya shi ne malamin lissafinsu. Da Nasiru ya daina zuwa makaranta, sau biyu ya zo shagona a kan kekensa. A zuwa na biyu ya ce in ba shi yaron ya zauna a gidansa, shi zai ɗauki nauyinsa har ya gama, don bai taɓa koyar da mai kai irin nasa ba. Akwai mutane a shagon. Na ji kunyar a ce ɗan Malam Musa ya kasa riƙe gidan ubansa har an karɓe masa ƙane. Sai na ce ai yaron ne ya ƙi, ya haɗu da abokan banza, silima yake so ba karatu ba, mun yi mun yi ya ƙi ji. Na faɗa da fuskar tausayi. Malam ya hau kekensa bai sake dawowa ba. Ni a zatona Nasiru bai sani ba.

Ya ce, "Bayan wata ɗaya muka haɗu a ƙofar masaƙa, an tashi, kaina duk auduga. Ya tsayar da keke. Ya ce, 'Yayanka ya gaya mini. Na ɗauka kai mutum ne.' Ya wuce."

"Ba ka ce masa komai ba?"

"In ce me? In ce yayana maƙaryaci ne?" Muryarsa ba ta tashi ba. "Duk jarrabawar da na zauna a ƙasar nan, shi nake gani a bakin ƙofa. Jiya ma da ake karanta takardar aikina a bikin nan, shi nake so ya ji."

Na daɗe riƙe da hannun wata riga. Na ce, "Ka yafe mini."

"Yana raye?"

"Yana raye. Yana gidan ɗansa a bayan tasha."

"Ka je ka gaya masa. Sai mu yi maganar yafiya."

Ya miƙo mini wata rigar, na naɗe. Muka gama kayan tsaf, babu abin da ya ɓace sai safar hannu ɗaya.

Dawowa ba ta da labari. Babu kare, babu Mama Saratu, rana kuma ta faɗi da wuri har ta wuce ƙa'ida. Na kwana uku ina cewa gajiya ce ta hana ni fita. Ranar Juma'a bayan an sauko na sa hula na tafi bayan tasha.

Malam Iliya ya haura tamanin. Na same shi a zaure a kujerar roba, an lulluɓe masa ƙafa. Ɗansa ya ja ni gefe ya ce hankalinsa yana zuwa yana tafiya, kar in damu. Na durƙusa na gaishe shi na faɗi sunana da na mahaifina. Na gaya masa duka, tun daga kekensa a ƙofar shagona har zuwa tuta mai kusurwa uku. Na ce yaron bai taɓa ƙin karatu ba, ni na cire shi, ni na yi masa ƙarya. Ya saurara har ƙarshe yana gyaɗa kai.

Ya ce, "Allah sarki. Wane Nasiru?"

Na kwatanta shi. Dogo, aji biyu, gwanin lissafi. Ya yi tunani, sannan ya tambaye ni ko ni ne mai duba mitar wuta.

A hanyar gida na tsara abin da zan gaya wa Nasiru. Zan ce Malam ya yi hawaye, ya ce dama zuciyarsa ba ta taɓa yarda ba, ya sa masa albarka. Magana ce mai kyau, na yanka ta daidai jikinsa, kuma babu mai ƙaryata ni. Da yamma, lokacin da na san ya fita cin abincin rana a sito, na kira.

Ya ce, "Ka je?"

"Na je. Na faɗa masa duka."

"Me ya ce?"

Na ce, "Bai tuna ka ba. Ni ma ya ɗauka mai duba mita ne."

 Ina jin ƙarar motoci a bayansa. Can ya ce, "Yana cin abinci dai?" Na ce ɗansa ya ce yana ci. Ya ce, "To ka koma Juma'a mai zuwa ka sake gaya masa. Irin wannan ciwon wata rana yana sakin mutum."

Ina komawa. Duk Juma'a bayan an sauko nake zuwa in durƙusa in faro daga farko, da yamma Nasiru ya kira ya ji yadda aka yi, daga nan mu zarce da wata maganar. Bai ce ya yafe ba tukuna, ni ma ban sake tambaya ba. Wannan makon ne zuwana na bakwai. Har yanzu Malam bai tuna Nasiru ba. Amma da na gama labarin ya daɗe yana kallona, sannan ya ce, "Wannan yayan nasa bai kyauta ba."

Na ce, "Bai kyauta ba, Malam."

Ya ce, "In ka gan shi ka gaya masa in ji ni."

Na ce zan gaya masa.